Wurin Ajiya Ya Cika: Kwana Biyar Tsakanin Tasawa da Mayahi

Saƙon ɗan ƙanwata ya iso ni ana saura kwana huɗu in tashi daga Kano. Murya ya naɗo a WhatsApp. Bayan doguwar gaisuwa ya ce, "Kawu, in za ka taho biki, don Allah ka riƙo mini diski dur." Sai da na saurara sau uku kafin na gane faifan ajiya na kwamfuta yake nufi, da sunan da Faransanci ya bar musu. Ban tambaye shi wane iri ba. Na shiga kasuwar waya na sayi na hannu, mai giga 500, cikin 'yar baƙar rigarsa, na cusa shi tsakanin shaddar ango da turamen atamfa.

Na bi ta Katsina da Jibiya da Ɗan Isa zuwa Maraɗi, daga nan muka hau babbar hanyar da ta taso daga Yamai ta nufi Damagaram: Cadawa, Agye, Gazawa, sai Tasawa. An gama girbi, rumbuna sun sha sabuwar jinka. A Janairun 1851 Baturen nan Heinrich Barth, wanda ya kira kansa Abdulkarim, ya yada zango a Tasawa kafin ya gangara Katsina da Kano. Ni tafiyarsa na yi a juye, da faifai a jaka maimakon littafin rubutu.

Washegarin ɗaurin aure yaron ya ja ni zuwa inda yake aiki. Ɗaki ne na bulo da rufin kwano, da benci uku da talabijin huɗu. Biyu na PlayStation 2 ne, ɗaya na 3, ɗaya kuma, wanda aka ɗora a kan tebur aka lulluɓe da tawul saboda ƙurar hunturu, na 4 ne. Yara sun cika ƙofa. Wanda ke da kuɗi yana riƙe da abin da mu a Kano muke kira hannu, su kuma manet. Wanda ba shi da ko sisi yana tsaye yana koya wa mai kuɗin yadda ake buga ƙwallo. Lissafinsu ya rikita ni da farko, domin da dala suke ƙirga sefa. In yaro ya ce dala goma, sefa 50 ke nan, dala ashirin sefa 100, jika kuma dubu.

Mai ɗakin saurayi ne da bai kai talatin ba, ya yi zaman gyaran waya a Maraɗi. Ya tashi ya ba ni kujerarsa, ya aika a kawo shayi, sannan ya karɓi faifan hannu biyu kamar an miƙa masa kyautar sarki. Ya soka shi a jikin babbar na'urar. Muka jira. Rubutu ya fito a allo. Ya zare, ya juya bakin wayar ya duba, sai ya yi murmushin da mutum ke yi in ba ya son ya kunyata baƙo.

"Alhaji, abin ga na da kyau ƙwarai. Sai dai bakinshi baƙi ne. Mai shuɗin baki take so."

Nan na fara karatu. Tun a watan Maris na 2017 kamfanin Sony ya ba PlayStation 4 damar ajiye wasanni a faifan waje, amma da sharaɗi: sai mai USB 3.0, wanda galibi ake gane shi da shuɗin harshe, kuma girmansa daga giga 250 zuwa tera 8. Nawa girman ya kai, rigar ce tsohuwa. Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Shi kuwa bai ɓata lokaci ba. Ya ɗauko sukundireba ya fasa rigar, ya zaro faifan, ashe irin na kwamfutar cinya ne mai inci biyu da rabi. Ya jawo PlayStation 3 ɗinsa, 'yar siririyar nan da ta fito a 2012, wadda ƙaramin samfurinta giga 12 kacal ke cikinsa. Ya buɗe gefenta ya zura faifan. Ba shi da ƙarfen da ake ɗaure shi da shi, don haka ya yanki kwalin shayi ya ninka uku ya tokare. Na'urar ta nemi izinin wanke faifan, ya ba ta. Kafin shayi na biyu ya iso, injin da a da wasan GTA V kaɗai ke cinye masa giga 8 ya zama mai sararin da za a yi sukuwa a ciki.

Babbar dai tana nan da ciwonta. An rubuta giga 500 a kwalinta, amma abin da mutum ke iya taɓawa bai wuce 408 ba, sauran na'urar ta riƙe wa kanta, wani kuma ya zube a bambancin ƙirgen masu sayarwa da na kwamfuta. Sannan ko da faifan wasa ka saya, sai ta kwashe shi kaf ta zuba a cikinta kafin ya tashi. Red Dead Redemption 2, wasan kaboyi na 2018, shi kaɗai kusan giga 100 ne, faifai biyu yake zuwa da su. GTA V ya haura 50. God of War ya haura 40. Ka ƙara ƙwallo biyu da dambe ɗaya, ka ga an zo wuya. Abin haushin kuma, in wasa zai karɓi sabuntawa, wani lokaci sai na'urar ta nemi fili mai yawa fiye da girman sabuntawar, domin kwafi take yi tukuna.

Na ce masa, to ai sai ka goge ɗaya, in ka buƙace shi ka sake saukewa. Yaran da ke ƙofa suka kwashe da dariya.

Wannan shawarar da na bayar ita ce shawarar da mutumin Landan ko Paris zai bayar, kuma a can daidai ce, domin wayar intanet ta shigo masa har ɗaki, ya kwanta barci ya tashi ya tarar wasa ya sauka. A Tasawa, intanet ɗin da ke hannun mai ɗakin nan ta layin waya ce, Airtel ko Moov ko Zamani, ana sayen ta da awo kamar man gyaɗa. Giga hamsin a wannan awon ya ce cinikin kwanaki ne, kuma ko ya saya, saukewar na iya tsinkewa a tsakiya. Saboda haka wasan da ya goge ya tafi ke nan, sai ranar da ya naɗe na'urar a bargo, ya biya kuɗin mota zuwa Maraɗi wurin masu zubi, irin masu tura fina-finai a waya da muke da su a Kano, ya yini a can, ɗaki a rufe. Ban tambaye shi ta wace ƙofa wasannin suke shigowa hannun masu zubin ba. Na dai san Sony ba ta san da zamansu ba.

Shi ya sa goge wasa a ɗakin nan ba aikin yatsa ɗaya ba ne. Ya nuna mini littafin makaranta mai layi-layi. Kowane wasa da shafinsa, duk wanda ya biya sai a ja sanda ɗaya, in an kai biyar a gicciye. Shafin ƙwallo ya yi baƙi ƙirin. Na dambe yana biye. Shafin wasan kaboyi, mai giga ɗari, sanduna bakwai ne a wata guda, kuma ya ce biyar daga ciki mutum ɗaya ne, wani malamin makaranta, mushe kamar yadda suke faɗi, mai zuwa bayan isha'i in yara sun watse.

"To mi zan yi da shi, Alhaji? Wuri huɗu ya tare, ba ya biyan haya. Amma mushe ne ya koya mini karatu."

Kafin a taɓa wasan mushe, ɗan ƙanwata ya ce a duba ɗakin hotuna. A jikin hannun PlayStation 4 akwai maɓallin da in ka danna yake adana bidiyon abin da ka buga, galibi na minti goma sha biyar da suka wuce. Yaran Tasawa sun gano shi. Duk wanda ya ci abokinsa ƙwallo mai kyau sai ya danna, don ya sami hujjar gori gobe. Muka buɗe muka tarar da tarin bidiyo, wasu tun bara, masu su ma wasu sun tafi ci-rani Libiya ko Agadas. Aka yi ta gogewa ana ihu, wani yaro yana roƙon a bar masa ƙwallon da ya ci da ka. Aka bar masa. Filin da aka samu ya isa sabon wasan ƙwallon da ake jira, mushe kuma ya tsira da dokinsa, aƙalla zuwa wata mai zuwa.

Muna cikin haka wuta ta ɗauke. Mai ɗakin ya dube ni ya ce, "Ku ne dai masu kuran ɗin." Zolaya ce, amma tana da tushe. Wutar wannan yanki daga Najeriya take shigowa, ta layin da ya taso daga Katsina ya sauka Gazawa, garin da na ratsa. Bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023 Najeriya ta yanke ta a watan Agusta, ba ta dawo ba sai a Maris na 2024, bayan ECOWAS ta janye takunkumi. Abin da mai ɗakin ya fi tsoro shi ne wuta ta tafi na'ura tana tsakiyar rubuta ajiya. Da aka tayar da janareta bai bar kowa ya taɓa ba. Ya danne maɓallin kunnawa har ya yi ƙara ta biyu, ya shiga inda ake sa na'urar ta sake jera kayan cikinta, muka zauna muna kallon sanda tana tafiya a hankali, ba mai magana.

Mayahi na je ne don gaida wata gwaggon mahaifiyarmu. Daga Cadawa hanya ke ɓallewa ta yi arewa, ƙasa ta ƙara yashi, goriba ta yawaita a kwarin Gulbin Kaba, mata suna saƙar tabarma da igiya da ganyenta. A wani ƙauye kafin gari na tarar da ɗan'uwan ɗakin Tasawa, amma a rumfar zana: faifan sola ɗaya a kan rufi, batirin mota, ƙaramar talabijin, da PlayStation 2 guda ɗaya tilo, na'urar da ta fito tun 2000. Idonta mai karanta faifai ya mutu da daɗewa. Wasannin suna cikin filas, kile a bakinsu, mai giga 32.

Mai rumfar, yaro ne ɗan shekara kamar goma sha bakwai, ya san halin na'urarsa kamar yadda makiyayi ya san na saniyarsa. Ya ce filas ɗin ba ya karɓar fayil ɗaya da ya wuce giga 4, don haka manyan wasanni sai an yanka su gunduwa-gunduwa. Ya ce bakin USB ɗinta irin na farko-farko ne, mai nawa, shi ya sa in labari ya zo a tsakiyar wasa hoton yake in'ina. Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne dalilin da ya sa ba ya goge wasa ɗaya ya sa wani a gurbinsa. In sabon ya fi gurbin girma, sai ya warwatsu a cikin filas, kansa nan ƙafarsa can, tsohuwar manhajar da yake amfani da ita kuma ba ta iya bin sawunsa, sai allo ya tsaya cak. Saboda haka in zai canza ko da wasa ɗaya ne, sai an kwashe duka a kwamfutar wani a cikin gari, a wanke, a sake jerawa daga farko. Sau biyu yake yi a shekara, kafin kowace salla.

Wasan ƙwallonsa PES ne. Konami ta daina yi wa wannan na'ura sabo tun bayan na 2014, amma 'yan wasan da na gani a allo na bana ne, domin akwai masu zama su sauya sunaye da riguna su sake rarrabawa. Shi da kansa ya zauna da manet, harafi bayan harafi, ya gyara wata ƙungiya ya mayar da ita Mena ta Nijar, ya sa Musa Ma'azu a gaba, duk da cewa rabon Mena da gasar cin kofin Afirka ta manya tun 2012 da 2013. Na tambaye shi ko akwai wasan kokowa. Ya ce da akwai, da ya goge komai ya bar shi kaɗai, a ga wanda zai kayar da Isaka Isaka ya ɗauki takobi.

Duk wannan aikin, da Mena, da gasar da yaran ƙauyen suka shekara biyu suna bugawa, da inda kowa ya tsaya a wasan San Andreas, suna cikin wani ɗan kati baƙi da bai kai kwalin ashana kauri ba. Mega 8 ne. Sai ka tara irinsa sama da dubu goma kafin su ɗauki wasan kaboyin mushe. Ya taɓa sayen wani da aka rubuta wa mega 64, marar sunan kamfani, wata safiya ya tashi ya tarar ya manta komai, yara suka yi kwana uku ba sa gaishe shi. Tun daga ranar ya koma ƙaramin na asali, kuma ya kafa doka: mutum ɗaya, ajiya ɗaya, wanda ya yi wata biyu bai leƙo ba a tambayi gidansu kafin a goge. Da magariba ta yi na ga ya zare katin ya sa a wata 'yar jakar fata irin ta laya, ya rataya a wuya ya tura cikin riga. Na'urar da talabijin kuwa a rumfa ya bar su, ya jawo zana ya kare.

Ranar komawa ɗan ƙanwata ya raka ni tasha a Tasawa, yana ɗauke da jakata da ƙullin kilishin da uwarsa ta ba ni. Mota ta cika, yaron mota yana buga ƙofa. Ya zagayo ta taga ya miƙo mini wata 'yar takarda da ya yago daga littafin sanduna. Ya zana bakin waya a kai, ya cike tsakiyarsa da shuɗin biro.

"Kawu, in Allah Ya kai mu babbar salla. Tera ɗaya in da hali. Ka nuna musu wannan kawai."