Ashe Kan Ruwa Muke Tafiya!

Jama'a, ku ɗauko mudu ku cika shi da busasshen yashi har baki, sannan ku riƙa tsiyaya masa ruwa a hankali. Haka malaminmu na ilimin duwatsu ya sa muka yi, kuma har yanzu abin bai sake ni ba. Mudun da ya riga ya cika maƙil ya shanye ruwa kusan kashi ɗaya cikin uku na girmansa, ko ɗigo bai zuba ƙasa ba! Ina ruwan ya tafi? Ya shige 'yan ƙananan kafofin da ke tsakanin ƙwayoyin yashi.

Ashe abin da ke ƙarƙashin ƙafafunmu ke nan. Ruwan damina yana nutsewa, ya ratsa yashi da tsakuwa, har ya tarar da yumɓu ko dutsen da ba ya ratsuwa, sai ya tsaya ya taru. Saman wannan jiƙaƙƙiyar ƙasa shi ne inda mai haƙar rijiya ke cewa ya cimma ruwa. Da damina yana hawowa, da rani yana sauka. Nan take na gane dalilin da ya sa muke ƙara wa guga igiya idan bazara ta matso!

Da muka shimfiɗa taswira sai abin ya ƙara girma. Yawancin ƙasar Kano tana zaune ne a kan tsohon dutse mai tauri, ruwa ba ya samun mafaka sai a tsagoginsa da inda ya ruɓe. Shi ya sa za a haƙa burtsatse a nan a samu ruwa, a matsa kaɗan a tashi a tutar babu. Amma a Borno, yashi da yumɓu ne suka hau kan juna, har aka sami matattarar ruwa hawa uku. Ta tsakiya da ta ƙasa yumɓu ya danne su ya matse. Da aka fara huda su a shekarun 1950, ruwa ya riƙa tunkuɗowa sama da kansa, ba famfo ba inji!

Abin da ya tsayar mini da numfashi kuwa shi ne shekarun wannan ruwa. Masana sun auna shi, sun gano ya sauka ne kimanin shekaru 20,000 da suka wuce, a wani yanayin da ba irin namu ba. Makiyayin da ke shayar da shanunsa a irin wannan rijiya, ruwan saman da ya girmi daular Kanem da dubban shekaru yake ba su.

To, ga inda hankalina ya tashi. Ruwan damina na yanzu da ƙyar yake kaiwa can ƙasa, abin da aka ɗiba kusan ba ya dawowa. An bar rijiyoyi da yawa suna kwarara dare da rana, ƙarfin ruwan ya ragu, wasu sun daina tunkuɗowa. Don Allah, duk garin da ke da irin wannan rijiya, a sa mata makulli a riƙa rufewa. Jikokinmu ma suna da haƙƙi a wannan ruwa.