Mubi Da Lissafin Taurarin Damina

Matafiyin da ya taso daga Yola ya nufi arewa, in ya wuce Song da Gombi da Hong, ya karya kwana a Mararraba, ba zai daɗe ba sai ya hango duwatsun Mandara sun tokare gabas. A gindinsu Mubi take, a bakin kogin Yedzaram wanda ya miƙa arewa wajen Tafkin Chadi. Gari ne na Gude da Fali da Nzanyi da Fulani, ga kuma Hausawa 'yan kasuwa, kasuwar shanunsa ta yi suna har Kamaru da Chadi.

Garuruwa kaɗan ne suka ga sauyin masu mulki kamar Mubi. Bayan tutar Modibbo Adama sai Jamusawa suka zo, bayansu sai Turawan Ingila a zamanin Yaƙin Duniya na Farko. A 1961 jama'a suka jefa ƙuri'a suka zaɓi shiga Nijeriya, Mubi ta zama hedkwatar Lardin Sardauna. Ta shiga Jihar Gongola a 1976, ta koma Adamawa a 1991. A 2014 ma 'yan Boko Haram sun riƙe garin na 'yan makonni, har suka sauya masa suna, sunan bai bi shi ba. Amma duk wannan juyi bai taɓa lissafin da manomi ke yi da sararin sama ba.

Lissafi uku ne ke tafiyar da garin. Na farko kalandar Turawa, wadda ake biyan albashi da ita, ake kuma buɗe Kwalejin Fasaha ta Tarayya da Jami'ar Jihar Adamawa. Na biyu lissafin Hijira, mai bin tsayuwar wata, da shi ake azumi da salla. To, shekarar wata kwana 354 ce, watau ta kasa ta rana da wajen kwana 11, shi ya sa azumi kan zagaya damina da rani cikin shekara 33 ko kusa da haka. Saboda haka ba ta iya gaya wa manomi ranar shuka.

Nan ne lissafi na uku ya shigo, watau na taurari, wanda malaman zaure suka gada daga littattafan Larabawa. Sun raba hanyar da wata ke bi a sama gida 28, ana ce musu manzili, kowane tauraro yana da kwana 13. In an tara sai a sami 364, aka ƙara wa Jabha kwana guda, shekara ta cika 365. Kowane lokaci na shekara yana da taurari bakwai. Na damina su ne Haƙ'a da Han'a da Zira'a da Nasara da Ɗarfa da Jabha da Harsan. Daga nan sai kaka ta kama da Sarfa, hunturu da Shaula, bazara kuwa ta ƙare da Surayya da Dabaran. Malamai sun zuba wannan ilmi cikin waƙoƙin ajami don sauƙin hadda, har wani Bature, Mervyn Hiskett, ya yi nazari a kansu a 1967.

Wanda bai yi karatu ba ma yana da nasa rabo. Surayya ita ce Hausawa ke kira kaza da 'ya'yanta, Fulani kuwa su ce Daccuki. Takan ɓuya a yamma cikin watan Mayu, ta sake bayyana a gabas da asuba cikin Yuni. Tsakanin ɓuyarta da fitowarta ne manomi ke kasa kunne, makiyayi kuma ya fara shirin juyo da garke.

Mai karatu zai ce, ina amfanin wannan a zamanin rediyo da wayar hannu? Amfaninsa shi ne iri. Ruwan farko kan yaudari mutum, ya zuba dawa ko gyaɗa, sa'an nan sama ta ɗauke mako biyu ko uku, shuka ta ƙone, ga rumbu ya yi ƙasa. Tauraro ba ya kawo ruwa, wannan ikon Allah ne, amma yana nuna wa manomi inda shekara ta kai, ya san ko ruwan nan na zama ne ko na wucewa.

An sha ƙirƙiro kalanda a kan tebur. Faransa ta yi tata a 1793, wata 12 masu kwana 30, mako mai kwana goma, amma a 1806 aka yi watsi da ita. Lissafin taurari kuwa ya daɗe don bukata ce ta haife shi. Abin tsoro shi ne masu riƙe da shi tsofaffi ne, samari kuma ba su cika ɗaga kai sama ba. Ya kamata masanan aikin gona na jami'a su zauna da dattawan Gude da Fali da Fulani, su rubuta abin da suka sani, su gwada shi da ma'aunin ruwan sama, tun kafin masu shi su kau.

Allah ya ba mu damina mai albarka, amin.