Abdulkarim Bajamushe da Tambayar 'Yata

Wata ranar Laraba 'yata ta dawo gidanmu da ke unguwar 220 Logements a Adjamé, cikin Abidjan, da aikin makaranta: ta rubuta yadda kakanninta suka zo ƙasar nan. Na buɗe baki, sai na tarar duk abin da na sani bai wuce jimla biyu ba. Kakana Bakano ne, kuma fataucin goro ya kawo shi. A wace shekara? Ta wace hanya? Shiru.

A daren nan Heinrich Barth ya faɗo mini a rai, Bajamushen da mutanenmu suka sani da Abdulkarim. An haife shi a Hamburg a 1821. A Jami'ar Berlin ya karanci harsunan Girkawa da Rumawan dā da ilimin kufai, a gaban malamai irin su August Böckh, kuma a 1844 ya kammala digirin digirgir a kan kasuwancin tsohon birnin Korinti. Wanda aka horar da shi ya bi sawun fataken da suka shuɗe shekaru dubu biyu, shi ne ya shigo Kano a Fabrairun 1851 ya iske fatake da ransu.

Da wannan idon ya dubi birnin. Ya hau Dala, ya zaga kasuwa, ya ƙiyasta mazauna 30,000. Ya rubuta yadda tufafin Kano ke kaiwa Tambutu da Tarabulus, da yadda goro ke zuwa daga Gwanja. Cinikin bayi ma bai ɓoye shi ba. A Gwandu, a 1853, ya sami Tarikh al-Sudan ya kwafi wasu sassa, ko da yake ya jingina littafin ga Ahmad Baba, alhali na Abdurrahman al-Sa'di ne. Ya rasu a 1865 yana da shekara 44.

Ga abin da ya hana ni barci: na fi sanin kasuwar Kano ta 1851 a kan tafiyar kakana, domin baƙo ya rubuta, mu kuwa mun ɗauka ba za a manta ba.

Akwai wani dattijo a Treichville da ya zauna da kakana. Jinsa ya fara rauni. Na sayi littafin rubutu, ranar Juma'a bayan masallaci ni da 'yata za mu durƙusa gabansa, in ce: "Baba, a ba mu labari tun daga fari."