Gawo a Ƙasar Maradi

Da hutun Ista muka bi hanyar Jibiya muka haye zuwa ƙasar Maradi, domin mu gaida 'yan'uwa. Bazara ta kama, ƙasa ta yi fari fat, ko ciyawar da akuya za ta tsinka babu. Amma ko'ina muka duba cikin gonaki sai gawo tsaye, kore shar.

Ku da kuka tashi a ƙauye kun san halin wannan itace. Sa'ad da sauran itatuwa suke toho da ruwan fari, shi a lokacin yake kaɗe ganyensa, ya tsaya tsirara duk damina kamar matacce. Saboda haka ba ya tare wa gero rana, ganyen da ya zubar kuwa ya zama taki. Bayan kaka sai ya sake tufafi. Da rani awaki da shanu su taru a inuwarsa suna cin 'ya'yansa, su bar kashinsu a wurin. Shi ya sa geron gindin gawo ya kan fi na sauran gona tsawo da kauri.

Abin da ya fi tsaya mana a rai shi ne kututturai. A dā, idan lokacin sassabe ya zo, manomi ya kan sare kowane toho na sabara da kalgo ya ƙone, don kada a ce gonarsa ta raggo ce. Sai iska ta sami fili, ta binne shuka da rairayi, a yi ta maimaita iri har rumbu ya ƙare. A 1983 wani ɗan mishan daga Ostireliya, Tony Rinaudo, ya lura saiwoyin nan da ransu a ƙarƙashin ƙasa. Bayan yunwar 1984 manoma suka soma barin rassa kaɗan masu ƙarfi a kan kowane kututture, suna rage sauran. Suna kiransa sassaben zamani. Mata sun sami itacen girki kusa da gida, shuka ta sami abin kāre ta daga iska.

Kunya ta kama mu. Kowace shekara mu kan sa 'yan makaranta su share gonar makaranta ƙal, har mu yaba wa wanda ya fi tumɓuke toho. Da muka koma muka ƙirga kututturai masu rai a bayan aji, muka ɗaura musu tsumma, muka ce kada adda ta taɓa su kafin ruwa ya sauka.