Abincin Talakan Napoli a Hannun Baƙi

A titin Tribunali da ke tsohon birnin Napoli, a kudancin Italiya, ba a rasa ayarin baƙi suna bin ɗan jagora a ƙafa. Nan su tsaya su karɓi fiza da aka ninka gida huɗu a takarda, can soyayyen kifi a ƙunshi mai siffar mazurari. A bakin tanderu jagoran zai ce zafinsa ya haura digiri 400, gashin ba ya wuce minti ɗaya da rabi, kuma a 2017 UNESCO ta sa sana'ar cikin al'adun da duniya ke adanawa.

Abin da ba kowane jagora ke daɗewa a kansa ba shi ne yunwar da ta raini wannan abinci. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu, matan unguwa kan soya kwaɓin fulawa a ƙofar gida, su sayar bashi: ka ci yau, ka biya bayan kwana takwas. Soyayyar fizar tana nan har yau, sai dai mai gudun naman alade ya tambaya kafin ya gatsa, domin sau da yawa da shi ake cusa ta.

Yanzu ɗakunan da irin waɗannan mata suka zauna ana mayar da su masaukin baƙi na kwana biyu. Haya ta tashi, iyalai suna komawa bayan gari. Mai tanderu yana ciniki fiye da da, amma maƙwabcin da ya saba ci bashi ba ya cikin layin.