Daga gonakin inabin Stellenbosch zuwa lambunan Wudil

Shekaru kaɗan da suka wuce na halarci wani taron ƙara wa juna sani a birnin Cape Town na Afirka ta Kudu. A ranar ƙarshe masu masaukinmu suka ce za su kai mu Stellenbosch, wani gari mai nisan kimanin kilomita 50, mu zaga gonakin inabi a kuma ɗanɗana giya. Da jin haka sai na fara neman uzuri, domin abin da za a ɗanɗana haramun ne a gare ni. Wani abokin aiki daga Senegal ya ja ni gefe ya ce in zo kawai, ai suna ajiye ruwan inabi zalla ga wanda ba ya sha. Na bi su ina ɗari-ɗari, na kuma dawo da wani tunani da ya daɗe yana yi mini yawo a rai.

Wata matashiya ce ta yi mana jagora. Ta ɗebo ƙasa a tafin hannunta ta bayyana mana dalilin da ya sa inabin gangaren dutse ya bambanta da na kwari. Ta nuna mana yadda ake sassabe rassan a lokacin sanyinsu, wato wajajen Yuni zuwa Agusta, da yadda ake tsinkar 'ya'yan daga ƙarshen Janairu zuwa Maris. Ta ce a 1659 Turawan Holan suka fara matse inabi a yankin, a 1679 aka kafa garin, sannan a 1971 wasu masu gona uku suka haɗa kai suka tsara hanyar da baƙo zai bi daga wannan gona zuwa waccan. Kafin mu bar wurin kowa ya biya kuɗin zagaye, ya ci abinci, ya sayi tsaraba. Ni da ban kurɓi ko ɗigo ba sai da na kashe kuɗi a kan zabibi da man zaitun. Da na zauna ina lissafi, sai na ga direba da mai jagora da mai girki da mai shago duk sun ci abinci daga gona guda, ban da ainihin amfanin da take bayarwa.

Wannan tunani ne ya sa wata Juma'a cikin hunturu na ɗauki 'ya'yana biyu muka kama hanyar Maiduguri zuwa Wudil. Tsakaninta da Kano kimanin kilomita 40 ne, kusan daidai da tazarar da muka yi a can. Na ratsa garin ba sau ɗaya ba sau biyu ba a hanyata ta zuwa Dutse ko Azare, amma iyakacina in sayi kifi a bakin gada in wuce. Yawancinmu haka muka san Wudil: wurin da mota ke rage gudu saboda cunkoso.

Muka fara da kara, domin Juma'a ce ranar kasuwar, kuma kasuwar shanun Wudil na cikin manya a Arewa. Tun daga nesa ƙura ta turnuƙe, tireloli sun jeru suna jiran lodin da za a kai Kudu. Na roƙi wani dillali ya ɗan zaga da mu kafin ciniki ya kankama. Cikin rabin sa'a ya koya wa yaran bambancin bunaji fari mai baƙin kunne, da bokolo mai guntun ƙaho da saukakken leɓe, da rahaji ja mai dogon ƙaho. Ya buɗe bakin wani bijimi ya nuna musu yadda ake gane shekarun dabba daga haƙoranta, ya dafa tozo da gindin wutsiya ya faɗi inda ake duba ƙiba. Ya kuma yi musu bayanin la'ada, da dalilin da ya sa baƙon mai saye ba ya rasa dillalin da zai tsaya masa idan daga baya aka ce sanuwar ta sata ce. Na tsaya ina kallonsa ina tuna matashiyar Stellenbosch. Iliminsa a fagensa bai gaza nata ba, sai dai shi ba a taɓa ce masa wannan bayani da yake yi a tsaye abin biya ne ba.

Bayan an sauko daga masallaci muka gangara bakin kogi. Ruwan nan na Kogin Kano ne da na Challawa da suka haɗe kafin su iso Wudil, daga nan su nufi Haɗejiya. Tun da aka kammala madatsar Tiga a 1974, zamanin Gwamna Audu Bako, sannan ta Challawa a 1992, hannun mutum ne ke sarrafa yawan ruwan da ke sauka. Hakan ya ba masu noman rani ruwa a lokacin da a da sai a tona yashi, ya kuma rage ambaliyar da fadamun Haɗejiya da Nguru suka dogara da ita, har kacala ta toshe musu magudanai. Duk wannan darasi ne da nake karanta wa ɗalibai a aji, ga shi a shimfiɗe a gabana.

Muka tarar da wani dattijo yana sakin ruwa a fangalin albasa, injin ban-ruwa na ta ƙugi a gefe.

"Sannu da aiki, Baba."

"Yawwa, sannunku da zuwa Malam. Daga birni?"

Na ce daga birni, na kawo jikokinsa ne su ga inda miyarsu take fitowa. Ya yi dariya ya ajiye fartanya. Ya nuna musu irin albasa a wurin reno da yadda ake dasa shi, ya ce idan ganyen ya fara kwanciya to kan ya nuna, sai a janye ruwa don kada ta ruɓe a ajiya. Ya ba su labarin jigo, wanda da shi mahaifinsa ya yi ban-ruwa, guga bayan guga tun asuba. Ya tuna shekarar 2016 da tsutsar nan ta cinye tumatir a Kano har kwando ya gagari talaka. Sannan ya faɗi abin da ya fi ci masa tuwo a ƙwarya: ranar da kaya suka yi kyau ita ce ranar da farashi ke faɗuwa, domin kowa ya tsinka lokaci guda, kuma tumatir ba ya jiran mai saye. Kuɗin mai na inji da na taki kuwa ba sa sauka.

Da za mu tafi na zaro 'yan kuɗi na miƙa masa. Fuskarsa ta canja.

"Haba Malam, ka zo inda nake da yara, in karɓi kuɗinka? Me na sayar maka?"

Sai ma ya cika mana leda da albasa da latas. Na ji kunya, na kuma gane inda gizo ke saƙa. A wurinmu baƙo amana ne, karɓar lada a kan tarbarsa abin kunya ne. Duk wanda zai kawo tsarin yawon buɗe ido karkararmu bai yi la'akari da wannan ba, zai ɓata wa mutane rai ko ya ɓata musu ɗabi'a. A ganina mafita ita ce a bar gaisuwa da ruwan sha a matsayinsu na karamci, a sanya farashi a kan abin da kowa ya yarda aiki ne: lokacin mai jagora, kuɗin kwale-kwale, abincin da aka dafa, da kayan lambun da baƙo zai saya kai tsaye daga hannun mai shi ba tare da ɗan tsakiya ba.

Abin ɗanɗanawa ma ba mu rasa ba. Ga kindirmo da man shanu daga rugagen kewaye, ga tarwaɗa da karfasa daga hannun masunta, ga rake da gwaiba da mangwaro kowanne a lokacinsa. Mai son ganin inabi ma ba sai ya ƙetare teku ba, domin manoman Ƙaramar Hukumar Kudan a Jihar Kaduna suna nomansa a kan rumfuna, ana kuma cinsa ɗanye. Mutanen da za su zo kuwa suna nan kusa. Makarantun birnin Kano cike suke da yaran da ba su taɓa taka fadama ba, kuma iyayensu na biyan kuɗi a kai su gidan zu ko wurin lilo. A cikin Wudil ɗin kanta akwai Jami'ar Kimiyya da Fasaha ta Aliko Ɗangote, wadda ta fara aiki a 2001, ga kuma Kwalejin Horar da 'Yan Sanda. Ɗaliban aikin gona da na labarin ƙasa za su iya koyon jagora a ƙarshen mako, su sami na kashewa, su kuma ɗauki abin da babu shi a littafi daga bakin irin su Baba.

Sai dai akwai abubuwan da dole a gyara kafin a gayyaci kowa. Na farko tsaron rai a kan ruwa. Ba mu manta da hatsarin kwale-kwalen Bagwai na watan Nuwamban 2021 ba, wanda yawancin waɗanda suka rasu a cikinsa yara ne 'yan Islamiyya. Kada a ɗora ɗan kowa a jirgi babu rigar kariya, kada a yi lodi fiye da ƙima. Na biyu makewayi mai tsafta, musamman na mata, da inuwa da wurin salla. Na uku, wanda ya fi duka, shi ne wa zai ci moriyar. A Stellenbosch sai da na tambaya kafin mai jagora ta faɗa mana cewa bayi ne suka kafa waɗancan gonaki, kuma an daɗe ana biyan leburori wani ɓangare na ladansu da giya, al'adar da ta ci gaba shekaru bayan doka ta hana ta. Gonar da ta burge baƙo tana iya zama wurin da ma'aikaci ke kwana da yunwa. Idan wani mai jari daga birni ne zai kwaso baƙi a bas, su ɗauki hoton manomi ba da izninsa ba, su tattake masa fangali su tafi, gara a bar mutane da lambunsu. Tsarin ya kasance a hannun ƙungiyoyin manoma da masunta da dillalai, da sanin hakimi da masu unguwanni.

Mun riga mun san darajar abin da muke da shi idan ya zo da kiɗa da dawaki. Hukumar UNESCO ta sanya bikin kamun kifi na Argungu a jerin al'adun duniya a 2016, ta sanya hawan sallar Kano a 2024. Waɗannan sau ɗaya ko biyu ake yinsu a shekara, alhali kasuwar Wudil na ci kowane mako, lambunan kuma na nan kore tun daga kaka har zuwa bazara.

A hanyarmu ta komawa ƙaramar ta riƙe ledar albasa a cinya ta hana a sa ta a but. Babban kuwa duk sanuwar da muka wuce sai ya faɗi irinta, ya dace a wasu ya kuskure a wasu. Na yi niyyar komawa a zangon karatu mai zuwa da ɗalibaina na aji uku. A wannan karon zan aika wa Baba tun da wuri, mu yi ciniki a kan albasar da za mu saya kafin mu zauna sauraron karatunsa.