Rijiya, Dutse da Littafi: Tafakkuri a Kan Yini Guda a Ƙasar Maya

Bismillahir Rahmanir Rahim.



A yankin Yukatan da ke kudu maso gabashin ƙasar Meksiko akwai wani nau'in yawon buɗe ido da ake gamawa cikin yini guda. Bas yakan ɗebi baƙi da sanyin safiya daga birnin Kankun na bakin teku, ya yi tafiyar kimanin kilomita 200 zuwa kufan Chichen Itza, tsohon birnin al'ummar Maya. Daga nan ya kai su wata rijiya mai faɗi su yi iyo, sa'annan ya ɗan tsaya a tsohon garin Valladolid, ya maida su masauki da dare. Kamfanonin da ke shirya wannan tafiya suna tallarta a matsayin abubuwa uku a farashi ɗaya. Allah ya nufe ni da shiga irin wannan ayari, kuma abin da na fahimta shi ne, wuraren nan uku labari ɗaya suke bayarwa, sai dai gaggawar tafiyar takan hana mutum jinsa. Shi nake son in warware muku gwargwadon iko.

Zango na farko: kufai

Sunan birnin kansa ya isa mabuɗi. A harshen Maya, Chichen Itza na nufin bakin rijiyar mutanen Itza. Arewacin Yukatan shimfiɗar dutsen farar ƙasa ce mai tsotse ruwan sama nan take, saboda haka da wuya ka ga kogi yana gudu a bayan ƙasa. Ruwan yana can ƙasa, yana bin koguna da ramuka, kuma ba a kaiwa gare shi sai inda rufin kogo ya rufta. Irin wannan rami mai ruwa shi ake kira senote. Sau da yawa idan ka ga babban birni a wannan yanki, za ka tarar da rijiyarsa.

Birnin ya yi tashe kimanin shekaru dubu da suka shige, kuma ginin da ya fi shahara a cikinsa shi ne dalar Kukulkan, mai tsawon kusan mita 30. Tana da matakala a fuskokinta huɗu, kowace da taki 91, idan aka haɗa da dandamalin sama sai su ba da 365, adadin kwanakin shekarar rana. A watan Maris da watan Satumba, lokacin da dare da rana suke daidaita, inuwar la'asar takan sauko gefen matakalar arewa kamar jikin maciji, har ta haɗu da kan macijin da aka sassaƙa a ƙasa. Akwai kuma wani gini mai zagaye da ake kira Caracol, wanda masana suke danganta tagoginsa da bibiyar tauraruwar Zahra. Mutanen nan suna da rubutu, suna da kalanda, kuma sun san sifiri a lissafinsu mai tafiya ashirin-ashirin, ba tare da sun taɓa haɗuwa da malaman Indiya ko na Bagadaza ba. Duk wanda ya ɗan taɓa ilimin hisabi da falaki zai tsaya a gaban wannan hazaƙa da girmamawa.

Amma akwai wata tsohuwar hanya da ta miƙe arewa daga dalar, tafiyar 'yan mintoci, wadda take ƙarewa a bakin wani rami mai faɗin kusan mita 60, ruwansa kore shar. Wannan ita ce rijiyar da suke tsarkakewa saboda Chaak, abin bautarsu na ruwan sama. Daga 1904 wani Ba'amurke mai suna Edward Thompson ya shafe shekaru yana yasar ta, ya fito da zinariya da koren dutse mai daraja da turaren ƙaro, da kuma ƙasusuwan mutane, har da na yara. Da yawa daga kayan an kwashe su zuwa gidan tarihi na Jami'ar Harvard.

A nan zuciyata ta yi nauyi. Al'ummar da ta iya lissafin fitowar Zahra ita ce kuma take jefa ɗan Adam cikin ruwa don roƙon damina. Ilimin sarrafa duniya daban, shiriya daban, kuma ɗaya ba ya lamunce ɗaya. Sai dai ina jan hankalinku, kada wannan ya sa mu ɗaga kai. Malamanmu sun yi dogon bayani game da mutanen da saƙon manzanni bai riske su ba, kuma hukuncinsu yana hannun Allah, wanda ba ya zaluntar kowa. Alƙur'ani ya kwaɗaitar da mu a wurare da dama a kan tafiya a bayan ƙasa da duba ƙarshen waɗanda suka gabata, kuma manufar wannan dubawa ita ce mai kallo ya ɗauki izina a kan kansa.

Ɗan jagoranmu, wanda shi kansa Bamaye ne daga wani ƙauye na kusa, ya ce tambayar da baƙi suka fi yi masa ita ce, ina mutanen Maya suka ɓace? Sai ya nuna ƙirjinsa. Ƙidayar Meksiko ta 2020 ta nuna sama da mutum dubu 700 suna magana da harshen Maya na Yukatan. Su ne suke sayar da sassaƙa da rigunan saƙa a gefen hanyoyin kufan, su ne suke dafa abincin da baƙi ke ci. Birnin ya rasa ƙarfinsa tun ƙarnoni kafin zuwan Turawa, amma jikokin maginansa suna nan da ransu. Hukumar UNESCO ta sanya wurin cikin kayan tarihin duniya a 1988, an kuma zaɓe shi cikin sababbin abubuwan al'ajabi bakwai a 2007, kuma a yau an hana hawa dalar baki ɗaya.

Zango na biyu: ruwa

Bayan zafin rana a fili, sai bas ya nufi senote. Wanda ya fi suna a kusa da kufan shi ne Ik Kil. Ana sauka ta matakala da aka fafe cikin dutse, kimanin mita 26, saiwoyin itatuwa suna lilo daga bakin ramin har su taɓa ruwa, haske yana zubowa daga sama, sanyi yana bugun fuska. Subhanallah! Babu hannun mahaƙi a siffar wannan rami. Ruwan sama ne ya yi ta cin dutse a hankali tsawon dubban shekaru. Masana ilimin ƙasa sun kuma gano cewa a arewa maso yammacin yankin, rijiyoyin sun jeru kamar rabin zobe a gefen wani katafaren rami da wani dutse daga sararin samaniya ya yi a Chicxulub kimanin shekaru miliyan 66 da suka wuce.

Ana umartar kowa ya watsa ruwa kafin ya shiga, kada man jikinsa ya gurɓata rijiyar. Dalili kuwa shi ne, ruwan ƙarƙashin ƙasar a haɗe yake, abin da aka zuba a nan zai ɓulla a can, kuma shi ne ruwan shan mutanen yankin. Ƙauyukan Maya da dama sun daɗe suna kokawa a kan dattin manyan gonakin alade da gine-ginen yawon buɗe ido. Baƙo yana wanka na awa guda ya tafi, mai gida kuwa da wannan ruwa zai rayu shi da 'ya'yansa. Wanda ya taso da tarbiyyar hana almubazzaranci ko a wajen alwala, bai kamata wannan ƙa'ida ta yi masa nauyi ba.

Gaskiyar magana kuma, wurin wankan cakuɗe yake, maza da mata, da shigar da ba ta dace da kunyarmu ba. Ni dai na sauka na ga ikon Allah, na taɓa ruwan, na hau sama. Wanda yake son iyo cikin natsuwa, akwai ƙananan rijiyoyi da jama'ar ƙauyuka suke kula da su, waɗanda ba su da cinkoso, musamman da sassafe.

Zango na uku: gari

Valladolid shi ake yi wa rowar lokaci. Yawanci rabin awa ake bayarwa a dandalin tsakiyar gari, a ɗauki hoton coci da gidaje masu launi, a sayi abin sanyi, a koma mota. Alhali nan ne labarin ya ɗaure.

Sifaniyawa sun kafa garin a 1543, suka dawo da shi mazauninsa na yanzu a 1545, a kan wani garin Maya mai suna Zaci, suka rushe gine-ginensa suka yi nasu da duwatsun. Rijiyar Zaci tana nan a tsakiyar gari har yau. Haka kuma mazaunin limaman Kirista na San Bernardino, wanda aka gina tsakanin 1552 da 1560, a kan wata rijiya yake. Masu mulki sun sauya, abin bauta ya sauya, amma kowa ya zo sai ya zauna a bakin ruwan nan.

Ga ɗalibin Larabci akwai abin lura a nan. Waɗanda suka ci wannan ƙasa 'ya'ya ne da jikokin waɗanda suka karɓe Garnaɗa, daular Musulmi ta ƙarshe a Andalus, a 1492. Da idon wancan yaƙi suka kalli sabuwar duniya. Ayarinsu na 1517, da ya hango wani babban gari a gaɓar Yukatan, sai ya raɗa masa suna Babbar Alƙahira, kuma Hernan Cortes a wasiƙunsa yakan kira ɗakunan bautar Meksiko da masallatai. Harshensu ma ya tsallako teku da Larabci a cikinsa. Na'urar ɗebo ruwa da aka gina a kan rijiyar San Bernardino ana kiranta noria, daga na'ura. Wurin iyo kuwa a bakin mutanen Meksiko alberca ne, daga albirka.

Kamancin da ya fi sosa mini rai shi ne na littattafai. A wajajen 1500, babban limami Cisneros ya sa aka ƙone tarin littattafan Larabci a dandalin Garnaɗa. A 1562, a garin Mani na Yukatan, wani limami ɗan ƙungiyarsu, Diego de Landa, ya tara littattafan Maya ya cinna musu wuta. A yau huɗu kacal aka sani sun tsira, uku suna Dresden da Madrid da Paris, ɗaya yana Meksiko. Adalci ya sa in faɗi cewa bishop ɗin yankin na lokacin ya yi tir da azabtarwar da Landa ya yi wa mutane, har ya koma Sifaniya ya amsa tambayoyi, ko da yake an wanke shi. Wani abin mamaki kuma, bayanan da Landa ya rubuta game da haruffan Maya su ne wani masani ɗan Rasha, Yuri Knorozov, ya dogara da su a 1952 wajen buɗe ƙofar karanta rubutun. Tsakanin wutar Mani da wannan buɗi, shekaru 390 ne. Dalar dutse ta tsaya kowa yana gani, amma da littafi ya ƙone, sai jikoki suka wayi gari ba sa iya karanta abin da kakanninsu suka zana a bango.

Zaluncin kuma bai tafi a banza ba. A 1847 mutanen Maya suka yi bore mai girma, wanda ya ɗaiɗaita Valladolid, kuma sojojin Meksiko ba su karɓe babbar cibiyar masu boren ba sai a 1901.

Nasiha ga mai niyya

Wanda Allah ya hore masa wannan tafiya, ga 'yan shawarwari. Ka tsara sallarka tun kafin ka hau mota, domin ayarin ba zai tsaya dominka ba, sai ka tambayi malaminka hukuncin ƙasaru da haɗa salloli. Alƙibla tana arewa maso gabas. Ka kuma lura cewa agogon Kankun yana gaban na Chichen Itza da awa guda. Wajen cin abinci ka yi tambaya, domin abincin da yankin yake alfahari da shi, cochinita pibil, naman alade ne, kuma ko wake akan dafa shi da kitsensa. Gurasar masara da 'ya'yan itace da kifi za su wadatar da kai. Idan ka tsaya ciniki da masu sassaƙa, kada ka danne su, da wannan suke ciyar da iyali. Idan da hali, ka kwana a Valladolid, ka shiga kufan da sassafe kafin manyan motoci su iso. Mafi muhimmanci, ka yi karatu kafin ka je, domin ido ba ya ganin abin da zuciya ba ta sani ba, kuma awa biyu a cikin kufai ba za su koya maka tarihin shekara dubu ba.

Wanda kuma bai samu zuwa ba, bai rasa rabonsa na darasi ba. Ya dubi littattafan da ya gada, ya tambayi kansa ko yana iya karanta su, kuma ko ya koya wa na bayansa.

Allah ya sa mu cikin masu gani su yi tunani, ya amfanar da mu da abin da muka sani, ya kyautata ƙarshenmu. Amin.

Wassalamu alaikum wa rahmatullah.